Gamba a Gonar Freeman

Ranar Asabar ce, ba mu da darasi, Baba Alhaji kuma ya ce zaman ɗaki ya ishe shi. Makonmu uku ke nan a birnin Lincoln na jihar Nebraska a Amurka, inda aka kawo mu ɗan gajeren kwas kan irin shuka da adana hatsi. Baba Alhaji mutumin Maraɗi ne, sa'an Baffana, kuma tun ranar da ya ji ina waya da Hausa a bakin masauki ya riƙe ni kamar ɗan cikinsa. Shi ya biya kuɗin hayar mota, ni na tuƙa.

"Ɗana, ina za ka kai mu?"

"Gona, Baba."

"Mun baro gona a gida, kullum a aji maganar gona, yau ranar hutu ma gona?"

Na ce wannan ita ce ake yi wa kirari da gona lamba ɗaya a Amurka. Sai ya gyara zaman hularsa ya ce to mu je mu gani.

Muka miƙi titi mai lamba 77 muka yi kudu. Watan Oktoba ne, kaka ta yi. Hagu da dama masara ce ta bushe a tsaye, sai waken suya, har iya ganin ido, amma ba mutum ko ɗaya a ƙasa. Can nesa za ka hango injin girbi guda yana tafe yana tayar da ƙura, da babbar mota tana jiransa a bakin gona. Baba Alhaji ya daɗe yana kallo ta taga, ya ce kakar da ba yara masu kala, ba mata masu sussuka, shi dai bai san daɗinta ba. Cikin ƙasa da awa guda muka shiga garin Beatrice, wanda mutanensa ke kira Biyatiris suna danna tsakiyar sunan. Daga nan mil huɗu ne yamma zuwa wurin da hukuma ta keɓe tun 1936 don tunawa da masu kama gona, wato waɗanda gwamnati ta raba wa filin noma. Ba a biyan ko sisi a ƙofa.

Tun daga wurin ajiye motoci aka fara koya mana darasi, domin an auna filin daidai eka ɗaya, don baƙo ya gani da idonsa ya ninka sau 160. Rufin ginin tarihin da ke wurin an yi shi da siffar bakin garma yana tsaga ƙasa. A jikin bangon da ke kai ka ƙofa an jera taswirar jihohi 30 da ƙarfe, kowace an huda mata rami gwargwadon abin da aka raba na ƙasarta. Ramin Nebraska ya kusa rabi, kashi 45 cikin 100.

Dokar da ta jawo duk wannan, Shugaba Abraham Lincoln ne ya sa mata hannu ranar 20 ga Mayun 1862, ana tsakiyar yaƙin basasa. Ta fara aiki ranar 1 ga Janairun 1863, lokacin Abdullahi Maje Karofi yana sarautar Kano. Ta ce duk wanda ya kai shekara 21 ko yake riƙe da gida, ɗan ƙasa ne ko baƙon da ya bayyana niyyar zama ɗan ƙasa, muddin bai taɓa ɗaukar makami ya yaƙi gwamnati ba, yana iya kama eka 160, wajen hekta 65 ke nan. Sharaɗin shi ne ya gina ɗaki, ya nome, ya zauna shekara biyar. Kuɗin takardu gaba ɗaya dala 18. Mace mai zaman kanta ma tana iya kamawa. Mutum kusan miliyan huɗu suka nema, waɗanda suka kai ga takardar mallaka wajen miliyan 1.6 ne. Sauran, yunwa ko bashi ko sanyi ko kaɗaici ya kore su, wasu kuma dama 'yan cuwa-cuwar fili ne. Duk da haka eka miliyan 270 ta fita daga hannun gwamnati ta wannan hanya, kashi ɗaya cikin goma na ƙasar Amurka.

Mai gonar da muka zo, Daniel Freeman, an haife shi a Ohio a 1826, ya tashi a Illinois, ya yi karatun likita. Labarin da zuri'arsa ke bayarwa shi ne, daren shiga sabuwar shekarar ya tarar da ma'aikacin ofishin filaye na garin Brownville a wajen biki, ya roƙe shi ya buɗe masa ofis da zarar sha biyun dare ta gota, don yana da tafiyar aikin soja da ba za ta jira ba. Aka buɗe, ya biya dala 12 na farko, aka rubuta masa lamba ɗaya. Akwai wasu ofisoshin a wasu wurare da su ma suka ba da tasu lamba ɗaya a ranar, amma sunan Freeman ne ya zauna, shi ma kuwa bai yi sanyi ba wajen tallata kansa har ya mutu.

Abin da ya tsayar da ni a cikin ginin shi ne kwafin takardar shaida ta watan Janairun 1868, bayan cikar shekara biyar. Maƙwabtansa biyu, Joseph Graff da Samuel Kilpatrick, suka rantse cewa sun san shi, yana zaune a wurin da iyalinsa. Na riƙa karantawa ina juya wa Baba Alhaji da Hausa. Ɗaki mai ƙafa 14 da 20, ƙofa biyu, taga biyu, daɓen katako. Ya nome wajen eka 35. Ya yi bargar dawaki, da rumfar tumaki mai tsawon ƙafa 100, da rumbun masara. Ya dasa tuffa 40 da wani itacen marmari na ƙasar sanyi kusan 400. A kan wannan aka ba shi takardar mallaka ranar 1 ga Satumban 1869.

Baba Alhaji ya sa na maimaita masa wajen ƙofa biyu da taga biyu. Ya ce, "Ka ga, ɗana, har taga sun ƙirga. Mu kuwa shaidarmu tana bakin tsofaffi, tsoho in ya kwanta ya tafi da ita."

Ban tanka masa ba, don ya taɓa mini wani miki da bai san da shi ba.

Muka fito ta ƙofar baya, iska mai sanyi ta buge mu, ƙasa ta gangara a gabanmu cike da ciyawa ja-ja-ja tana kaɗawa. Tun 1939 aka daina noma wajen eka 100 na gonar, aka sake shuka irin ciyawar da ta rufe yankin kafin garma ta shigo. Muka bi 'yar siririyar hanya muka kutsa. Ciyawar ta kai mini kafaɗa, a kwari ma ta shanye ni. Na kama kara guda na lanƙwaso shi, na ga gaɓoɓinsa, na ga kansa ya rabu uku kamar sawun talo-talo, na murza ganyen a tsakanin yatsuna. Sai na ji bakina ya ce, "Baba, wannan ai gamba ce."

Ya karɓa ya duba, ya shinshina, ya ce in ba ita ba ce to 'yar ɗakinsu ce. Haka ɗin ne kuwa. A ilimin tsirrai gambarmu da wannan ciyawar dangi ɗaya ne, Andropogon, ko da yake kowace da irinta. Saiwarta tana nutsawa ƙasa fiye da tsayin mutum, ta saƙa kanta kamar tabarma. Shi ya sa huɗar farko a wannan ƙasa ta zama azaba: sai garmar ƙarfe da shanu masu ƙarfi, kuma an ce ana jin ƙarar tsinkewar saiwa kamar ana yaga ƙyalle. A yammacin jihar, inda ba itace, wannan saƙar saiwa suka riƙa yankawa kamar tubali suna gina ɗaki da ita, suna girki da kashin shanu da totuwar masara. Freeman ya fi su wayo. Filinsa bai yi murabba'i ba, ya jera shi ne ta yadda zai haɗa da rafin Cub, ya samu ruwa da itacen gini da na wuta.

A nan cikin ciyawar kakana ya faɗo mini a rai. Shi ma mai kama gona ne. Gandun mahaifinsu ya yi wa 'ya'ya kaɗan, sai ya ɗauki gatari da amaryarsa da jaki guda ya yi tafiyar wuni, ya kai wa dagaci goro, aka nuna masa daji aka ce ya sara iya ƙarfinsa. Ya yi sassabe shekara uku, ya haƙa rijiya, mutane suka biyo shi har wurin ya zama tunga, tunga ta zama gari. Iyakar gonarsa da gamba ya shata ta, layi guda daga tsamiya har bakin fadama, kuma daga wannan gambar ake yanko ta zanan gidanmu har na yi wayo. Shekarun baya da gari ya matso, aka wayi gari da mutane da na'urar awo suna kafa duwatsu a gefen gabas. Da Baffa ya je magana, tambaya ɗaya aka yi masa: ina takardarku? Ya ce ga gamba can, ga tsamiya. Aka yi masa shiru irin na wanda ba a ɗauki maganarsa ba. Yau shaguna ne a wurin. Na kai shekara bakwai ina cewa zan yi wa abin da ya rage takarda, kullum sai wani abu ya sha gabana.

Muka hau tudu zuwa kabarin Freeman da matarsa, waɗanda aka binne a cikin gonar. Shi ya rasu a ƙarshen Disambar 1908, ita sai 1931. Sunanta Agnes Suiter, malamar makaranta ce daga LeClaire a jihar Iowa. Da ƙanensa James aka yi mata baiko, ya mutu a yaƙin basasa, sai wan ya nemi aurenta ta wasiƙa. Wannan bai ba mu mamaki ba, mu da muka san a yi wa ɗan'uwa gadon alkawari. Aka ɗaura aure a 1865, ya ɗauko ta zuwa bakin rafin nan. Ta haifi 'ya'ya takwas. Mijin kuwa mutum ne mai harkoki, ga likitanci, ga aikin binciken gawa na gunduma, har shugaban 'yan sandan gundumar ya yi. To wa ke gida? Dokar ta ce sai an zauna, kuma zaman nan mace ce ta yi mafi yawansa: ɗiban ruwa, tatsar shanu, lambu, haihuwa ba ungozoma a kusa, dafa wa 'yan ƙodago. Shekara 66 ta yi a kan wannan ƙasa, ta fi shi daɗewa a kanta nesa ba kusa ba, amma takardar lamba ɗaya ba ta ambaci sunanta ba. Na tuna kakata, wadda ta riƙa tafiya mai nisa da tulu kafin a haƙa rijiya, wadda kuma ko a bakin masu ba da tarihin garinmu sai dai a ce "da iyalinsa".

Ɗakin Freeman na farko babu shi yanzu, gidan bulo da ya gina daga baya ma gobara ta cinye. Amma an ɗauko wani ɗakin gungume na zamanin, wanda George Palmer ya gina a 1867, an kafa shi kusa da ginin tarihin. Ƙafa 14 da 16 ne. Na auna da takuna, biyar ta nan, shida ta can. Murhun ƙarfe, gado guda, tebur, da 'yar hawa zuwa saman rufi inda yara ke kwana. Mutum 12 suka rayu a ciki, uwa da uba da 'ya'ya goma. Baba Alhaji ya ce yawan bai dame shi ba, ya ga fiye da haka. Abin da ya dame shi rashin tsakar gida. Mu ɗaki wurin kwana ne, rayuwa a waje ake yin ta. Su kuwa wata huɗu ko biyar na hunturu suna ƙunshe a nan, dusar ƙanƙara ta toshe ƙofa, maƙwabci mafi kusa yana rabin mil ko fiye, domin dokar ta sa kowa ya zauna a kan gonarsa. Kakana da ya sari daji, farkon abin da ya nema mutane ne, ya riƙa ba baƙi fili kyauta don a samu sahun salla da masu gayya.

Bala'in da suka gani, wani mun san shi, wani ba mu sani ba. A 1874 fara ta sauko daga wajen duwatsun Roki ta rufe rana, ta cinye masara da lambu har da ɓawon itace. Da na faɗa wa Baba Alhaji haka sai ya gyaɗa kai kawai, mutumin Maraɗi ba a ba shi labarin fara. Wanda ba mu sani ba shi ne na ranar 12 ga Janairun 1888. Gari ya waye da ɗumi, yara suka tafi makaranta ba rigunan sanyi, da rana guguwar ƙanƙara ta auko ba sallama. Mutum sama da 200 suka mutu a yankin, da yawansu yara ne a hanyar komawa gida.

A iyakar kudu akwai layin wasu itatuwa masu ƙaya da Freeman ya dasa don shinge, tun kafin waya mai ƙaya ta yaɗu. 'Ya'yansu sun zubo a ƙasa, kore shar, girman babban lemo, fatarsu a cukurkuɗe kamar ƙwaƙwalwa. Na fasa ɗaya da dutse, farin ƙaro mai danƙo ya manne mini a hannu kamar na tumfafiya. Ba a ci. Shekara fiye da ɗari da dasa su, suna nan a layinsu. Shi ma ashe ya shata iyakarsa da shuka, sai dai shi ya haɗa da takarda.

Akwai wani ɓangare a ginin tarihin da na wuce da sauri da farko, sai da muka dawo shan ruwa na tsaya a kansa. Ƙasar da aka raba kyauta tana da masu ita. Kudu maso gabashin Nebraska mazaunin ƙabilun Oto da Misuriya ne, sunan jihar ma daga harshensu ya fito, ma'anarsa shimfiɗaɗɗen ruwa, sunan da suke kiran kogin Platte. A 1854 aka sa su hannu a yarjejeniya suka sallama mafi yawan ƙasarsu, aka matse su a wani yanki a bakin kogin Big Blue, a kudancin wannan gunduma da muke tsaye. Wato lokacin da Agnes ke jego a bakin rafin Cub, suna nan kusa, tafiyar wuni. Masu kama gona suka yi ta matsowa, suna sare musu itace, suna kai kuka majalisa cewa ƙasa mai kyau tana zaune a banza. A 1881 aka kwashe su gaba ɗaya zuwa inda ake kira Oklahoma yanzu. Su ma fa suna da takarda, da hatimin gwamnati a kanta. Ba ta hana komai ba.

Na so in tsaya a jin haushin Turawa, abin da ya fi sauƙi ke nan, amma zuciyata ta ƙi bari. Dajin da dagaci ya nuna wa kakana, akwai burtali a cikinsa. Ina yaro na sha ganin wani tsohon Bafulatani yana zuwa gaishe da kakata da ƙwaryar nono, yana nuna wajen fadamarmu da sanda yana cewa nan ne mashayarsu tun yana ɗan saurayi. Kakana bai kori kowa da bindiga ba, Allah ya jiƙansa, kuma ba zan haɗa shi da abin da aka yi wa Oto ba. Amma kowace damina kunya ɗaya ko biyu tana shiga burtalin, har ya zama hanyar ƙafa, har ya ɓace. Mu a gidanmu sunan wannan labari "Malam ya sari daji". Ban taɓa tambayar sunan da jikokin tsohon nan suke kiransa ba.

Kafin mu tafi muka tsaya a 'yar makarantar jan bulo mai ɗaki ɗaya, ɗan nesa kaɗan yamma, wadda aka gina a 1872 aka yi ta karatu a cikinta har 1967. A kanta Freeman ya yi shari'ar da ta sa sunansa ya shiga littattafan lauyoyi. A 1899 ya tarar malamar, Edith Beecher, tana karanta wa yara Baibul tana sa su addu'a da waƙoƙin coci. Ya ce a daina, hukumar makarantar ta ƙi, ya kai ƙara ya sha kaye, ya ɗaukaka. A 1902 kotun ƙolin Nebraska ta ba shi gaskiya. Maƙwabta suka tsane shi a kan haka. Baba Alhaji ya ce shi bai ga alheri a mutumin da zai hana yara ambaton Allah ba. Na ce, "Baba, a ce jikanka ne a bencin nan, shi kaɗai Musulmi, malama ta ce kowa ya sunkuya a yi addu'arta fa?" Ya yi shiru, ya ce wannan kuma wata magana ce. Ba mu ƙarasa ta ba, har yanzu ma ni kaina ban gama da ita ba.

A gefen makarantar muka shimfiɗa darduma muka haɗa azahar da la'asar, iska tana ɗaga gefenta sai da muka danne da takalma. Da muka sallame na duba agogo, uku ta wuce, a gida tara na dare ke nan. Na kira Baffa, na san bai kwanta ba.

Bayan gaisuwa na ce, "Baffa, cikin waɗanda suka ga Malam yana dasa gambar nan ta iyaka, wa ya rage?"

Ya yi jim. Na ji yana ƙirga sunaye ƙasa-ƙasa, kowane ya bi shi da Allah ya jiƙansa. Can ya ce saura mutum biyu: tsohon ladan, da wata gwaggonmu da ke aure a ƙauyen gaba, ita ma idonta ya tafi amma hankalinta garau.

Na ce don Allah ya aika musu ina nan tafe ƙarshen wata, zan zo da mai awo da mai rubutu. Na ce kuma in akwai wanda ya san inda zuri'ar tsohon nan mai kawo wa Inna nono suka koma, a nemo mini.

"Su kuma me za su yi maka?"

"So nake su nuna mini inda burtalin ya bi, Baffa."

Ya ce to, Allah ya kawo ni lafiya, zai sa a tambaya ranar kasuwa. Baba Alhaji ya riga ya shiga mota, da karan ciyawar nan guda a hannunsa, yana ta juya shi.